Doyar Janairu

Ƙungiyar ƙwallon Damisan Bosso ta gama kakar wasa da maki biyu kacal a saman layin faɗawa rukunin ƙasa. Ba a gama murna ba sai ga takarda daga hukumar gasa. Ƙungiyar da ta faɗa ta kai ƙara cewa Damisa ba ta cika albashin 'yan wasa. Za a turo mai bincike, in ƙarar ta tabbata a zaftare maki shida.

Malam Elijah ne magatakardan ƙungiyar. Shekara talatin da ɗaya ya yi yana koyar da lissafi, ya yi ritaya zuwa gida mai ɗaki huɗu a Tudun Fulani, inda in ya yi tari babu mai ce masa sannu. Aikin ƙungiya ba ya kawo masa ko sisi. Abin yi ranar Asabar yake kawo masa, da wurin zuwa.

Gaskiyar magana, ana biyan yaran. Mai ƙungiyar, Alhaji Badaru, dillalin doya ne a kasuwar Gwada, kuma rabin albashin shekara da doya yake biyansa. A watan Janairu, lokacin da doya ta cika kasuwa, kowane ɗan wasa yakan karɓi kasonsa kwarya-kwarya, kowace kwarya doya ɗari, ya kai rumbun wani ɗan'uwa. Sai Yuni, in doya ta yi wuya, ya fitar ya sayar da ninkin kuɗin. Yaran da kansu suka roƙi tsarin. Muttaka mai tsaron gida da shi ya yi wa uwarsa rufin kwano.

Malam Elijah kuwa farashin ranar da aka miƙa doyar yake rubutawa. Don haka a littafinsa kowane yaro kashi uku cikin huɗu na albashinsa ya samu.

Ana gobe bincike Alhaji ya zo har gidan Malam Elijah, karo na farko cikin shekara shida. Ya yaba shukokin tsakar gida, ya tambayi lafiyar gwiwa, sannan ya ajiye sabon littafi a kan tebur, ya ce a sake kwafewa da farashin Yuni.

"Tisha, doyar ita ce dai. Babu yaron da aka cuta."

"Doyar ita ce, Alhaji. Ranar ce ba ita ba."

Alhaji ya tuna masa cewa abincin gida ashirin ne a bakin biron nan. Malam Elijah ya ce ya zane yara a aji kan abin da bai kai wannan ba. Ya raka Alhaji ƙofa da sabon littafin da ya kawo.

Mai binciken wata matashiya ce daga Abuja, sunanta Gift. Ta zauna a ofishin sito, tsakanin buhuna, ta saurari labarin rumbu har ƙarshe ba ta yi dariya ba. Yaran suka shigo ɗaya bayan ɗaya suna rantsuwa ba sa bin kowa bashi. Ta ce ta yarda, amma rantsuwa ba ta shiga fayil.

Sai ta juyo. "Baba, in akwai takardar da suka sa hannu tun farko cewa da farashin Yuni za a lissafa, zan karɓa. Ko gobe ne aka samo ta."

Ta faɗi "gobe" a hankali, idonta a kan bango. Kowa a ɗakin ya fahimta. Yarjejeniyar a gindin mangwaro aka yi ta, da baki.

"Babu," in ji Malam Elijah.

Ta rufe fayil ɗinta. Da za ta tafi ta gaya masa cewa ƙungiya tara ta zaga, ba ta ga littafi mai tsabtar nasa ba. Ya yi godiya.

Bayan sati biyu aka zaftare makin, Damisa ta faɗa. Muttaka ya koma wata ƙungiya a Lokoja.

Babu wanda ya kori Malam Elijah, babu ma wanda ya zage shi. Filin atisaye kawai aka sauya, aka manta a gaya masa. Asabar ta farko ya biya kuɗin keke-napep zuwa tsohon filin a Bosso, ya tarar da awaki biyu da wasu ɗaliban jami'a suna buga 'yar tile, takalma ne ragarsu. Ya sami kututture ya zauna har suka gama. Da gardama ta kaure kan ko shida da huɗu ne ko shida da biyar, ya san amsar, amma ba a tambaye shi ba.