Kurciyar Pak Sutarjo

Shekara talatin unguwarsu ta san Pak Sutarjo, wato Malam Sutarjo, da abu biyu: shi ke dafa shinkafar kowane biki, kuma yana da ɗan haya, Gunadi, wanda ya ƙi tashi. Sai da ya kai sittin da bakwai wasu matasa masu tashar bidiyo a intanet suka zaunar da shi, ya faɗi gaskiya: Gunadi ba ɗan haya ba ne, masoyinsa ne.

An rufe masa fuska, an sauya masa suna. Amma wa ya tuna da kurciyarsa? Tana cikin keji a bayansa, ta yi ta rangaɗa kukan nan nata da ya ci gasar kukan kurciyoyi sau biyu. A unguwar da maza ke gane kukan kurciya fiye da muryar matansu, ai magana ta ƙare.

Mai shagon kan kwana ya daina amsa gaisuwarsa. Wannan bai dame shi ba kamar bikin 'yar Bu Lastri, wato Malama Lastri, maƙwabciyarsu. A al'adarsu, uwar amarya da ƙafarta take zuwa roƙon mai dafa shinkafa, ga shi saura kwana biyar ba ta leƙo ba. Tsoro ya kama shi sosai, don wanda aka daina kira aikin biki an cire shi daga cikin mutane ke nan.

Ranar Laraba da hantsi sai ga ta da ƙunshi a hammata.

"Pak, kai yanzu tauraro ne, sai an yi layi kafin a gan ka?"

Ya ce, "Kin gani ke nan, Bu."

"Na gani, har sau uku. An ɓoye fuska an bar tsuntsuwa tana shela! Yayana ya ce in nemi wani. Na ce to ya zo ya dafa wa mutum ɗari huɗu da kansa."

Ta ajiye ƙunshin ta tafi, ko shayi ba ta tsaya sha ba. Ankon biki ne, yadin batik ruwan ƙasa, irin wanda ake ba 'yan gida. Duk bikin da ya wuce yadi ɗaya ake kawo masa.

Ya warware, ya tsaya yana kallo, sannan ya ɗaga murya.

"Gunadi! Fito a gwada ka. Biyu ta kawo."