Hannuwa a Bakin Rijiya

"Ɗaga ta sama kaɗan, ɗiyata, idona ba ya kaiwa."

Kamila ta kifa turmi a gaban gadon, ta ɗora kwamfutarta a kai. Baba Dawuda, maƙwabcinsu a Kankiya da ke kwance ba lafiya, ya tsufa yana ɗaukar bidiyon bukukuwa, amma fim guda ya taɓa yi don kansa. Da bazara ya kafa kyamara a bakin rijiyar Mawashi. Da yake mazaje ba za su yarda a nuna fuskar matansu ba, sai ya ɗauki hannuwa kawai suna jan igiya, guga na fitowa da ɗan ruwa a ƙasansa, har tulu ɗaya ya cika. Ba kiɗa, ba magana, bai yanke ko'ina ba. Ya kai shi sakatariya don manya su gani, suka zame ɗaya bayan ɗaya. A gidan kallo aka yi ta ihun a maido ƙwallo.

"Ba wanda ya taɓa kai ƙarshensa," ya ce. "Har Iyatu."

"Ni da na ja igiyar, mi zan kalla?" in ji matarsa, tana yi masa fifita.

Kamila ta kunna fim ɗin. Ta yi niyyar ko ita kaɗai ce za ta zauna har ƙarshensa. Ana haka mata 'yan dubiya suka yi sallama. Suka durƙusa, suka yi ya jiki, sun yunƙura za su tashi sai Hadijatu mai ƙosai, wadda aka auro daga Mawashi, ta matso.

"La ilaha! Wannan ai hannun Yaya Babba ne. Ga ƙunar nan!"

"Ke dai, wancan mai awarwaron fa?"

"Raguwar nan ce, matar Kabir. Dubi ja kamar ba ta ci tuwo ba."

Ɗaki ya ɗauki dariya. Suka gyara zama. Duk fitowar guga sai a leƙa, a ja tsaki, wata ta ce ko ƙwarya bai kai ba. Can surutun ya mutu, sai kukan igiya a jikin itace. Iyatu ma ta ajiye maficin.

Baba Dawuda ba ya iya juya wuya. Ya yi wa Kamila alama, ta kai kunne.

"Sun tashi?"

"Ba wadda ta tashi, Baba."

Da ruwa ya kai bakin tulun, Hadijatu ta sauke numfashi. "Alhamdulillahi. Wallahi har kafaɗata ta yi tsami."

Ya yi murmushi, ido a rufe. "To, madalla," ya ce.

Bayan la'asar ya cika, yana kalmar shahada. Iyatu ta ja mayafi ta rufe shi. Kamila ta rungumi kwamfutarta ta fito, tana neman inda za ta taka, don takalman matan sun cika bakin ƙofa.