Jan Biro a Gefen Shafi

Mai Fatalwa ya ja kujerar roba kusa da gadon matarsa, ya zaro takardu daga jaka, ya gyara murya. Ƙarfe huɗu ne na yamma, lokacin dubiya, ɗakin asibitin sai warin magani da ƙarar fanka.

'Yan unguwa ne suka laƙaba masa sunan, don shekara ashirin da shida ba shi da sana'a sai rubuta littattafan ban tsoro: rijiyar da ke kiran mutane da sunansu, telan da matattu ke kawo wa ɗinki. Shi kuwa ko kaza ba ya iya yankawa! Ma'auninsa ɗaya ne a duniya, matarsa. Duk babin da ya gama sai ya karanta mata. In ta damƙe masa hannun riga ta ce, "Wayyo Malam, bari!" sai ya yi alama da jan biro a gefen shafin. In ta yi hamma, babin ya tafi kwandon shara. Shi ya sa yake ce mata Alƙaliya.

Yau kwana goma sha tara da ta yanke jiki ta faɗi a bakin famfo. Ido a buɗe, amma ba um ba um-um. Likita ya ce in tana fahimtar magana akwai sauran fata, in ba haka ba sai dai a mai da ita gida a yi ta haƙuri. Shi ne Mai Fatalwa ya zauna ya rubuta babin da ya zuba duk muguntar da ya iya a ciki.

"Alƙaliya, yau sai kin yi ihu," ya ce da ita.

Da ya iso inda matar cikin labarin ta yaye bargo ta tarar da fuskar kanta tana kallon ta, tsohuwar da ke jinyar 'yarta a gadon kusa ta dafe ƙirji.

"A'uzubillahi! Bawan Allah, ka rasa abin karanta wa mara lafiya sai wannan?"

Ko kallon ta bai yi ba, hannun matarsa yake kallo. Yana nan kan zanin gado kamar an ajiye cokali.

Duk da haka ya ci gaba, har ya shiga wani wuri marar armashi a labarin, inda wani maƙwabci ke gyaran keke. Kwatsam sai yatsunta suka kama hannun rigarsa, suka damƙe.

"Nas! Nas, zo ki gani! Wallahi ta ji!"

Nas ta zo ta duba, ta sassauta murya. "Baba, ka yi haƙuri. Jijiya ce ke motsi. Tun safe haka take yi, har robar ƙarin ruwa ta kama."

Ai ya sani. Tun kafin nas ta buɗe baki ya sani. Ina Alƙaliya ina jin tsoron gyaran keke? Da tana ji, a nan za ta yi hamma. Tsoro ya kama shi, na gaske, irin wanda ya yi shekaru yana sayar wa mutane bai taɓa ɗanɗanawa ba.

"In cire maka hannun?" in ji nas.

"Bar shi, 'yata."

Ya laluba aljihu da hagu, ya ciro jan biron, ya yi alama a gefen shafin, daidai wurin keken. Sannan ya ci gaba da karatu a hankali, ba ya ko motsa kafaɗa, don kada rigar ta zame daga hannunta.