Ranar da Marjorie Pickersgill Ta Ƙi Mutuwa

A shagon mai soya kifi da dankali Marjorie Pickersgill ta sami labarin mutuwarta. Ta shiga da rana tsaka tana kakkaɓe ruwan Leeds daga lemarta, sai ta ga mai shagon ya kasa haɗa ido da ita. Matarsa ce ta turo mata jarida a kan kanta tana cewa, "Ayya, Misis Pickersgill, ashe haka za su saka miki?"

Ga hotonta nan a shafin farko. Wai za a kashe Edna, uwar masauki a shirin talabijin na Masaukin Bakin Teku, wadda Marjorie ta shekara ashirin da huɗu tana fitowa a matsayinta sau uku a mako. Wannan bai ƙona mata rai kamar layin ƙasa ba. An ce wani na kusa da shirin ya faɗa a asirce cewa tsufa ya taɓa mata kai, ba ta iya riƙe maganganunta sai an rubuta mata a gindin kofin shayi.

Marjorie 'yar masaƙi ce daga Halifax. Tana da shekara goma sha bakwai ta bar masaƙa ta bi 'yan wasan dandamali gari-gari, tana haddace wasa guda kowane mako. Ta yi shekaru tana fitowa a talabijin a matsayin 'yar aiki ko mai jinya, ta shigo da faranti ta fita, kafin Edna ta zo mata. A duk rayuwarta abu ɗaya take alfahari da shi: ba a taɓa tuna mata layin da za ta faɗa a wasa ba.

Kuma ta san na kusan. Desmond Harbottle ne, furodusan shirin. Shekara goma sha biyar da suka wuce, yana ƙaramin marubuci, an tashi korarsa saboda shaye-shaye, ita ta hau bene ta tsaya masa a gaban manyan tashar. Ko kifin ba ta karɓa ba, ta wuce ofishinsa.

"Desmond, yaushe na manta layi? Faɗa min ranar."

Ya miƙe yana murmushi. "Haba Marjorie, zauna mana. Kin san 'yan jarida da ƙarin gishiri."

"Ranar nake tambaya."

Ya sosa ƙeya. "Ki fahimce ni. Matasa muke nema yanzu. In muka kashe Edna haka kawai, mutane za su cinye mu ɗanye. Amma in suka ji ba ki da lafiya, tausayinki za su ji. Kuma mutuwa mai kyau na tanadar miki, a shiri na dubu huɗu, kai tsaye za a watsa shi. Wa aka taɓa yi wa wannan gata?"

Ta ɗauki lemarta. Sannan ta ce, "To, na gode, ranka ya daɗe," ta fita.

A makon nan gidan wasan da ya yi mata alkawarin aiki a Scarborough ya janye. Makwabta suka fara yi mata magana a hankali, da ƙarfi, kamar mai magana da kurma. Marjorie ta haɗiye komai. Ta zama mai ladabi fiye da da. Da aka zo ɗaukar shirye-shiryen da za su biyo bayan mutuwar, jana'iza da makoki da rabon gado, har kashi goma sha takwas, ta zo kallo da kek ɗin da ta gasa da hannunta. Desmond ya ci yanka biyu, ya ce a gaban kowa, "Kun ga dattijuwar arziki."

Ko Cyril Ogden, tsohon da ya shekara ashirin yana fitowa a matsayin mijinta Albert, ba ta faɗa wa abin da ke ranta ba.

Ranar ta zo. Ƙarfe bakwai da rabi na yamma aka kunna jar fitilar fara watsa shiri, rabin Ingila na zaune gaban akwatin talabijin da tiren abinci a cinya. Marjorie tana kwance a gadon Edna, an shafa mata farar hoda. Ta faɗi layukanta uku daidai, ta ja numfashi, ta saki hannun Cyril. Mai fitowa a likita ya taɓa wuyanta, ya girgiza kai, ya ja mayafi ya rufe mata fuska. Cyril ya fashe da kuka na gaske. Saura minti biyu, waɗanda aka ware wa kukan nasa.

A ƙarƙashin mayafin ta ƙirga goma. Sai ta yaye shi ta tashi zaune.

"Wane mara kunya ne ya lulluɓe ni? Albert, share majinar nan, ka ɗora ruwan shayi."

Likita ya ja da baya har ya tunkuɗe kujera. Cyril ya buɗe baki, amma tsohon hannu ne, nan take ya ce, "Edna, likita fa ya ce kin tafi."

"Likitan da ko mura bai iya ganewa ba? Ina zan tafi, ban ba mutane karin kumallo ba?" Sai ta shiga lissafo baƙin masaukin ɗaki-ɗaki, tun daga na farko a shekarar da aka buɗe, kowa da sunansa da yadda yake son a soya masa ƙwai, ba tuntuɓe, ba jan numfashi. A ɗakin sama inda ake sarrafa shirin, Desmond na ihu a yanke, amma babu abin da za a sa a madadin, kuma daraktan shirin ya yi kamar bai ji ba. Da kiɗan rufewa ya taso, ta dubi kyamara ta ce, "Ni dai ban manta kowa ba."

Desmond ya sauko da gudu. "Kin kashe ni, Marjorie! Kin san abin da kika zubar?"

"Kashi goma sha takwas," ta ce tana goge hoda. "Ka ga har lissafi ina iyawa."

Kashegari layukan wayar tashar suka cushe. Ba wanda zai yarda a nuna jana'izar matar da aka gani tana neman shayi. Manya suka aiko a lallashe ta ta dawo, ta ce sharaɗi biyu. Desmond ya fito a jaridar nan, da sunansa, ya ce shi ya ƙirƙiri ƙaryar. Sannan shi da kansa zai zauna ya rubuta warkewar Edna, in ya gama ya kwashe kayansa.

Ya zo gidanta da furanni ran Lahadi. Ta buɗe ƙofa, ba ta ce ya shigo ba.

"Ina da 'ya'ya uku," ya ce. "Ki bar min aikin rubutu ko da shi kaɗai ne. Kin taɓa tsaya min."

"Na taɓa," ta ce, ta karɓi furannin, ta rufe ƙofa.

Ya rubuta, ya tafi. Daga baya aka ji yana shirya tallan darduma a wata ƙaramar tasha, matarsa ta koma gidan iyayenta da yaran. Cyril ya ce wa Marjorie abin ya wuce gona da iri, mutum ya riga ya faɗi. Ta ce da ita aka tashi binnewa da ranta bai ce ya wuce gona da iri ba, kuka kawai ya yi yadda aka rubuta masa. Daga ranar ya daina cin abincin rana a teburinta, ko da yake a gaban kyamara sun ci gaba da zama miji da mata.

Ta ƙara shekara uku a shirin. Da ta gaji, ta sa aka rubuta cewa Edna ta sayar da masaukin ta hau jirgin ƙasa zuwa wurin ƙanwarta. A walimar bankwana wani ɗan jarida ya tambaye ta ko ta yafe wa Mista Harbottle. Ta kurɓi shayinta ta ce a'a, ta nemi a miƙo mata madara.