Gwaggo Ta Tafi Da Ƙafarta

Is'haƙa na goge wa Gwaggo goshi da tsumma sai wayarsa ta yi ƙara. Ɗahiru ne, mai sayen tsofaffin ƙarafa daga Dogon Dutsi, wanda aka yi da shi yau zai zo Matankari ya yanka ta gunduwa-gunduwa ya kwashe.

Gwaggo dai kan jirgin ƙasa ce, amma ƙarama. Turawa sun ƙera irinta don aiki ɗaya tak, tura taragu daga wannan layi zuwa wancan a cikin tasha. Gajera ce mai nauyi, gazuwal take sha, wato man dizal, giyarta duk ƙarfi ne babu gudu. Is'haƙa ya ƙare ƙuruciyarsa a kanta a tashar Faraku ta ƙasar Benin, yana gaba yana baya, bai taɓa wuce ƙofar tasha ba. Da aka yi gwanjonta sai ya sayi injin da giyar da ɗakin direban, ya ɗora su kan gangar jikin tsohuwar kamiyo, wato babbar motar kaya, ya sa tayoyin tarakta, ya kawo ta Arewar Dogon Dutsi, ƙasar da layin dogo bai taɓa yin kuskuren biyowa ba. Tun daga nan take zaune a tsakar gida, matarsa Zulaiha na shanya kuɓewa a kanta tana mita. Bana mitar ta yi nasara: awaki na son wuri.

"Baba, mun kahe cikin ƙorama," in ji Ɗahiru. "Ga hadari ya haɗu gabas. In ruwa ya sauko, kamiyo ta tahi."

Is'haƙa ya ji wani daɗi da bai dace da dattijo ba. Zulaiha ta karanta shi a fuskarsa.

"Malam, tunda mahauci ya kasa zuwa, kai mishi ita da ƙahwarta."

"Ba ta tashi."

"Jiya na ji ka tashe ta kana yi mata bankwana."

Ta ɗauki mayafi ta hau ɗakin direba ta zauna, don kada a yi hanya biyu. Gwaggo ta yi tari, ta tofar da baƙin hayaƙi, ta fita gari. Wani mai amalanken jaki ya wuce su, ya yi sallama, ya tambayi ko da saƙon da zai kai musu gaba.

A ƙorama suka tarar da kamiyo ta nutse cikin yashi har ciki, ɗauke da ƙarafan ƙauyuka da tulun gas ɗin da za a yanka Gwaggo da shi. Wata mota ta riga ta fizge ta, igiya ta tsinke, mai motar ya yi addu'a ya wuce. Iska ta fara ƙanshin ruwa.

"Ku kawo sarƙa!" Ɗahiru ya yi wa mutanensa ihu.

"Aje sarƙarka," in ji Is'haƙa. "Gwaggo ba ta fizga. Turawa take yi."

"Baba, cikin ƙorama za ka shiga?" in ji Ɗahiru.

"Uwar Samira, sauka," Is'haƙa ya ce wa matarsa.

"In sauka ka gudu da ita?" in ji Zulaiha. "Gudun ma na gani."

Ya gangara, ya zagaya bayan kamiyo. A Faraku, in ana son gwada direba, kofin shayi ake ɗorawa kan tarago, ya taɓa shi da goshin inji, shayi bai zuba ba. Haka ya taɓa kamiyon, har na kanta ba su ji ba. Sannan ya ƙara wuta kaɗan-kaɗan. Injin ya yi gurnani daga can ƙasan cikinsa. Tayoyi suka ciji yashi. Ba abin da ya motsa.

Ruwan farko ya iso, ja, da kumfa da karan gero, ya lashi tayoyin.

"Malam," Zulaiha ta ce a hankali, ta riƙe hannun rigarsa.

"Bar ta. Tunani take yi."

Kamiyo ta yi ƙara kamar ƙofar da aka daɗe ba a buɗe ba, ta ɗaga, ta matsa. Gwaggo ta bi ta a baya da tafiyarta ta zuwa gaisuwar mutuwa, ba ta ƙara sauri ba ko da ruwa ya kai matakala, har suka hau tudu ta ɓangaren Matankari. Mutane suka ɗauki kabbara. Bayansu ƙorama ta cika baki da baki.

Kamiyo ta ƙi tashi, ta ƙone kulocinta tun wajen kokawa da yashi. Ɗahiru ya dubi tulun gas, ya dubi Gwaggo, ya sosa ƙeya.

"Inna, to maganar yankan..."

"Yankan mi?" in ji Zulaiha. "Kuɓewata a kanka zan shanya ta?"

A kan hanya mai tauri Is'haƙa ya yarda da sarƙa. Aka ɗaura kamiyo a bayan Gwaggo, mutanen Ɗahiru suka haye kan ƙarafa kamar fasinjoji. Ya ja igiyar ƙaho, sautin ya ratsa gonakin gero. Jirgin ƙasa na farko ya shiga Matankari a makare, kuma babu wanda ya yi ƙorafi.