Wata Uku a Akwatin Alhaji Barau

Wasiƙar ta iso Ƙanƙara ne a aljihun Malam Mani, wani malami da ya biyo ta Sudan a hanyarsa ta dawowa daga aikin hajji. Sai da ya huta kwana biyu kafin ya kai ta gidan Alhaji Barau, don bai san nauyin abin da ya ɗauko ba. A ciki, da rubutun ajami, wata tsohuwa mai suna Nana tana cigiyar 'ya'yanta biyu da ta bari a Yargoje, a hannun baffansu, shekara arba'in da biyu da suka wuce, Barau da ƙanwarsa Barakatu. Ta ce ƙafa ta ƙi, ido ya fara dushewa, in suna raye tana roƙon su zo ta gan su.

Barakatu tana Ruwan Godiya tana tuyar ƙuli-ƙuli aka kai mata labari. Mijinta ya daɗe da rasuwa, ɗanta ɗaya, Zailani, yana koyarwa a firamaren Faskari. Shekararta huɗu lokacin da uwarsu ta yi sabon aure bayan mutuwar ubansu, ta bi mijin zuwa Makka a ƙafa, guzuri ya ƙare musu a Sudan suka zauna. Ko kamannin uwar ba ta riƙe ba. Duk tsawon rayuwarta in ta ga tsohuwa doguwa a kasuwa sai ta bi ta da kallo, don an ce mata uwarta doguwa ce, iyakar gadon da ta samu ke nan. Ran nan man ya ƙone a kasko tana zaune tana kuka, kukan daɗi, har maƙwabta suka zaci mutuwa aka yi.

Shi kuwa Alhaji Barau, lokacin duniya ta buɗe masa baki. Shekarun da kuɗin mai ya tumbatsa ne, duk wanda ya san ƙofar ofis sai ya wayi gari ɗan kwangila. Ga sayen auduga, ga gina azuzuwan makaranta, ga fijo fara da direba. Ya saurari wasiƙar har ƙarshe, sannan ya tashi tsaye a kan maganar tafiya da zafin da ya ba kowa mamaki. Ya aika mota aka ɗauko Barakatu aka kai ta Funtuwa aka ɗauki hotonta, karo na farko a rayuwarta, ta fito da ido a zare. Aka yi musu fasfo a Kaduna, aka yi allurar shawara aka ba su katin. Ya hau jirgin sama zuwa Ikko da kansa, ya miƙa takardar banki da ta kamfaninsa a ofishin jakadancin Sudan, ya ce yawon buɗe ido za su, shi ke ɗauke da nauyin ƙanwarsa. Kwana tara ya dawo da biza a fasfo biyu, ruwan fari bai daɗe da sauka ba.

Mutanen gari suka yi ta sa albarka. Aka ce ɗa na gari ke nan, uwa ta yar da shi amma shi bai yar da ita ba.

A zauren Alhaji aka miƙa wa Zailani fasfon uwarsa ya duba. Ya karanta hatimin sau biyu, ya ɗago kai.

"Kawu, wata ukku suka ba da. In ba a shiga ƙasar ba kahin goma ga Satumba, bizar ta mutu, sai an sake nema."

"Na sani," in ji Alhaji. "Da kunnena suka gaya mani. Kawo nan in aje."

Ya haɗa fasfon biyu ya jefa a akwatin ƙarfen da ke ɗakinsa, ya murza makulli ya sa a aljihun 'yar ciki.

Barakatu ta koma gida ta fara shiri. Ta sayar da akuyarta ta sayi turmin atamfa da za ta kai wa uwarta, ta daka daddawa da kuka da busasshiyar kuɓewa, don ta ce mai shekara arba'in a ƙasar wasu dole ta yi kewar miyar gida. Ta sa Zailani ya zana mata layuka a bangon ɗaki, layi ɗaya sati ɗaya, kowace Juma'a ta goge guda da yatsa.

Wata ya wuce ba a ce komai ba. Ta hau motar kasuwa ta je Ƙanƙara, Alhaji ya ce ana noman fari, ba ya barin gona ga 'yan ƙwadago. Ta koma bayan sati biyu, ya ce siminti ya yi wuya, sai ya ga an rufe ginin makaranta. A zuwa na uku ne matarsa, Hajiya Suwaibatu, ta ja ta bayan rumbu ta faɗa mata abin da ya hana ta cin abinci ranar. Ashe duk sati biyu Alhaji yana aika direba gidan waya a buga tangaraho zuwa shagon Abdulƙarim, ɗan da Nana ta haifa a can, wanda take zaune a hannunsa. Saƙon kullum ɗaya ne: muna tafe ranar Juma'a, a taryo mu.

Barakatu ta shiga ɗakin yayanta ba sallama, abin da ba ta taɓa yi ba. Yana kishingiɗe yana sauraren rediyo.

"Yaya, mi tsohuwar nan ta yi maka haka? Kana sa ana ɗaukar ta ana kai ta hilin jirgi, ga ta ba ƙahwa, alhali ka san ba ka zuwa?"

Ya rage muryar rediyon a hankali.

"Ke kina da shekara huɗu, ba ki san komi ba. Ni ina da tara. Ta ce mani biki za ta garin Sabuwa, kwana ukku ta dawo, za ta riƙo mani nakiya. Na zauna bakin ƙohwar Baffa ina kallon hanya. Kwana ukku, wata ukku, shekara ukku. In na ƙi tashi in tahi gona, Baffa shi zo da tsumagiya. Wa ya goya ki zuwa gonar? Wa ke ɓoye maki rabin tuwonshi? Ita ce?"

"Kai ne, Yaya. Ban manta ba."

"Kin manta. Takarda guda ta zo, kin ƙona mai a kasko don murna. To ita ma ta zauna ta kalli hanya, ta ji in da daɗi."

Ta durƙusa ta kama ƙafarsa. Ta ce ya riƙe nasa fasfon, ya ba ta nata, Zailani zai nemo mata kuɗin jirgi ko da bashi ne. Ya janye ƙafar kamar ya taka kashin kaji, ya ƙara muryar rediyo.

Ba inda ba ta kai kuka ba. Ta je wa liman, liman ya kira Alhaji, Alhaji ya zo da ladabi da goro ya ce damina ce ta riƙe shi, ai shi ya fi kowa matsuwa. Wa zai ƙaryata mutumin da ya yi wa masallaci rufin kwano? Aka juyo kan Barakatu da wa'azin haƙuri, aka ce mace ba ta gaban yayanta. Hajiya Suwaibatu ta gwada lalubo makullin sau ɗaya, Alhaji ya kama ta, ta kwana uku a gidan iyayenta. Layukan bango suka yi ta ƙarewa, daddawar ta fara fitar da tsutsa a ƙullinta, Barakatu ta rame har ɗankwali yana zame mata.

Ran sha ɗaya ga Satumba, da hantsi, fijo ta tsaya a ƙofar gidanta. Alhaji ya fito da babbar riga, ya jira sai da maƙwabta suka taru, sannan ya miƙa mata fasfon da hannu biyu.

"Ga shi, tunda kin matsu. Ni ban hana kowa ganin uwatai ba. Allah shi kiyaye hanya."

Mata suka yi guɗa. Barakatu ta karɓa tana kallon bangon ɗakinta ta ƙofa, babu layi ko ɗaya da ya saura. Ta san me aka ba ta, shi ma ya san ta sani, murmushin da ya yi mata ke nan kafin ya shiga mota.

Amma mai nema yana tare da samu, in ji masu magana, ita kuwa ta ɗauki maganar da gaske. Da aka yi hutun makaranta Zailani ya sa ta a jirgin ƙasa suka tafi Ikko. Kwana uku suna bin layi a ƙofar ofishin jakadanci, ita da ba ta taɓa wuce Kaduna ba. Mutumin da ke bayan taga bai wulaƙanta su ba. Ya duba tsohuwar bizar, ya tambayi dalilin da ya sa aka bar ta ta mutu. Sannan ya ce wancan karon ɗan kasuwa ne ya tsaya mata da takardun banki. Yanzu da take ita kaɗai, sai ta kawo wasiƙar gayyata daga wanda za ta sauka a wurinsa, da sunanta a ciki da sa hannunsa. In ta kawo, sati biyu sun isa.

Barakatu ta dawo da ƙarfinta. Wasiƙa kawai? Daga uwarta? Ai wannan ko tambaya ba ta kai ba. Zailani ya karɓi adireshin Abdulƙarim a wurin Malam Mani, ya rubuta da ajami da Turanci, ya bayyana komai, ya sa hoton uwarsa guda a ciki.

Amsar ta zo bayan sati bakwai, ta makarantar Zailani. Ya hau keke ya kawo, amma da ya shigo gidan sai ya tsaya yana gyara kacar keken da babu abin da ya same ta.

"Karanta mani mana," in ji ta.

"Inna, bari in sha ruwa."

"Zailani, karanta."

Ya karanta. Abdulƙarim ya ce su ji tsoron Allah. Tun a wasiƙar farko da ya aiko musu, yayansu Alhaji Barau ya sanar da su cewa Barakatu ta rasu tana ƙarama, shekara ɗaya bayan tafiyar uwarsu, ciwon ciki ya kashe ta tana kiran Inna. Tsohuwa ta yi kukan da ya ƙarasa mata ido. Yanzu kuma wasu sun ji labari suna son shiga ƙasa da sunan matacciya, har da turo hoton wata mata. An ba tsohuwa hoton ta shafa, ta ce ɗiyarta 'yar mitsitsiya ce mai tsagar goshi, a daina yi mata wasa da kabari. Ba za su aiko da wata gayyata ba sai da yawun Alhaji, kuma kada a sake rubuto musu.

Barakatu ta kai hannu ta taɓa tsagar da ke goshinta, wadda hoton Funtuwa bai fitar ba saboda ɗankwali. Ba ta yi kuka ba. Ta ɗauki mayafi ta nufi tasha.

Ta iske Alhaji a zaure ana awon auduga a waje. Bai yi mamakin ganin ta ba.

"Yaya, layi guda nake roƙo. Ka rubuta ka ce ina raye. Ba sai na tahi ba ma, na haƙura da tahiyar. Ta dai san ban mutu ina kiranta ba."

"In na rubuta za ta yi murna," ya ce. "Ni kuwa ban shirya mata murna ba."

Ya juya ya jawo wani ƙullin farin ƙyalle daga bayan kujera, ɗinkin bakinsa na hannu ne, karkatacce, irin na wanda ba ya gani. Ya ce wani ɗan kasuwa ne ya zo da shi shekaranjiya daga can. Dabino ne, tsohuwar ta ɗinke da kanta, ta ce a raba a Yargoje sadaka, Allah ya kai ladan kabarin Barakatu.

"Na rasa wa zan aika," in ji shi, ya tura mata ƙullin da ƙafa. "Tunda kin zo, ɗauki. Sadakarki ce."

Barakatu ta sunkuya ta ɗauka. Ta bi ɗinkin da yatsa daga farko har ƙarshe, kowane karkataccen zare, inda allura ta kuskure ta dawo. A shekara arba'in da shida na rayuwarta, wannan ne abu na farko da ta san ya fito daga hannun uwarta zuwa gare ta. Ta rungume shi a ƙirji ta fita, ta ratsa masu awon auduga, suna yi mata sannu da zuwa suna cewa Allah ya saka wa Alhaji da alheri, kullum ba ya barin ta ta koma hannu sake.