Abokan Munzali na Bandung

Wayar Munzali ta sake ruri a kan teburin kicin, Tayyiba ta tsaya cak da ludayi a hannu. Tun da hatsarin mota a hanyar Annandale ya raba ta da ɗan nata, kullum da safe sai wayar nan ta yi kuka.

"Yaya, ki bari in rufe layin nan," in ji ƙaninta Kamal. "Wahalar da kanki kawai kike yi."

Ta san masu kiran. Yaran Indonesiya ne da Munzali yake buga wasan waya da su, don safiyar Upper Marlboro, garin da su Tayyiba suke zaune a ƙasar waje, ita ce almurunsu. Faɗan da ta sha yi masa a kansu ba ya ƙirguwa. Yaro ba ya zuwa gaida kowa, a yi masa Hausa ya mayar da Turanci, amma ga shi yana ƙyaƙyata dariya da mutanen cikin waya! Ranar jana'iza dattawa ne suka cika sahu. Abin da ya fi ci mata rai ke nan, ɗanta ya tafi ba aboki.

Yau dai ta daure ta ɗauka. Kiran bidiyo ne. Sai ga samari da 'yan mata zaune a tabarma a wani shagon kofi a birnin Bandung na Indonesiya, hulunan babur zube a gefe, kowa da wayarsa.

"Ina Munzali?" wani mai suna Dimas ya tambaya da Turanci. "Gasa za a fara, mun hana kowa gurbinsa."

"Ni ce mahaifiyarsa," ta ce. "Munzali ya rasu."

Wata yarinya ta ja ɗankwalinta ta rufe fuska. Ɗaya bayan ɗaya suka kife wayoyinsu a tabarma, suka ɗaga hannu suka yi Fatiha.

Dimas ya matso, idonsa jawur. Da wata Hausa mai tuntuɓe ya ce, "Umma, Allah ya jiƙansa. Allah ya ba ki haƙuri."

Tayyiba ta dafa tebur. "Wa ya koya maka wannan?"

"Shi. Da babana ya rasu, haka ya ce mini. Ya ce a gidanku haka ake faɗa."

Ta jawo kujera ta zauna, hawaye na bin kumatunta.

"Sake faɗa, ɗana," ta ce. "Yadda ya faɗa maka."